An Bar Jaki Ana Dukan Taiki: Magana a Kan Agogon Juya Zamani

 Ina roƙo a ba ni fili in yi magana a kan wani al'amari da ya cika bakin masu wa'azinmu a 'yan kwanakin nan, watau zancen agogon nan na cikin sinima, wanda a ke ɗaurawa a hannu ko a rataya a wuya, wai in an taɓa shi sai lokaci ya tsaya cik, ko ya koma baya, ko kuwa wani koren haske ya fito daga cikinsa a yi ta abubuwan al'ajabi da shi. 'Yan kasuwa sun ga yara na so, sun kawo na roba suna sayarwa a kan tebur tare da balan-balan da usur. Sai wasu daga cikin malamanmu suka tashi haiƙan, suka ce wanda ya kalli fim ɗin ya taɓa imaninsa, wanda kuma ya saya wa ɗansa na roba ya shigar da gunki gidansa, har ana karɓewa daga hannun yara ana jefawa a wuta. Ni dai, tare da girmamawa, na ce wannan fatawa ba ta da ƙafafun tsayawa. Abin da ya fi ci mini rai kuma shi ne an bar jaki ana dukan taiki.

Tun muna ƙanana a gaban malam aka koya mana cewa ba a yanke wa abu hukunci sai an san kamanninsa. Alƙalin da ya yi hukunci bai ji ta bakin wanda a ke ƙara ba, ko ya dace da gaskiya ya yi zalunci. To, bari in kawo wanda a ke ƙara gaban jama'a a ji ta bakinsa.

Wannan tunani ya daɗe a littattafan Turawa. A 1895 wani Baturen Ingila, H. G. Wells, ya rubuta labarin wani mutum da ya ƙera keken tafiya cikin zamani, abin hawa ne mai sirdi da hannuwa biyu, in ya ja wannan ya yi gaba, in ya ja wancan ya yi baya. Da tafiya ta yi tafiya, kamar yadda rediyo ta tashi daga ƙaton akwati ta koma aljihu, sai keken nan ya yi ta ƙanƙancewa a hannun masu ƙaga labari, har ya zama abin ratayawa a jiki. Zan ɗauki uku daga cikin irinsa.

Na farko yana cikin littafi na uku na labarin Harry Potter, wanda wata Baturiya, J. K. Rowling, ta fitar a 1999, aka mai da shi fim a 2004. Wata yarinya ce 'yar makaranta, Hermione, mai kwaɗayin karatu, ta ɗauki darussa fiye da yadda yini zai ɗauka, sai malamarta ta nemo mata izini aka ba ta wani ɗan agogon yashi a jikin sarƙar zinariya. Juyi ɗaya, sa'a ɗaya baya. Ta kan zauna darasin ƙarfe tara, ta fito ta juya, ta sake shiga wani darasin na ƙarfe taran nan. Me ya same ta? Gajiya ta kusa kayar da ita, ta riƙa barci a kan littafi, har darasi ya wuce ta ba ta sani ba, ƙarshen shekara ta mayar musu da kayansu da hannunta. Dalili kuwa a fili ya ke. Agogon ya mai da sa'a baya, amma jikinta bai koma ba, kowace sa'a da ta maimaita daga cikin kwanakinta aka zare ta. Babban aikin da aka yi da agogon nan shi ne daren da ita da Harry suka juya shi sau uku, don su ceci wani mutum da aka kama bisa zalunci, da wata dabba da aka yanke wa hukuncin kisa. Amma mai karatu in ya natsu zai ga babu abin da suka sauya. Dabbar da ma ba a kashe ta ba, su ne suka zaci an kashe. Mutumin da Harry ya hango a ƙetaren tafki ya cece shi, wanda ya ɗauka mahaifinsa ne, ashe shi kansa ne. Watau sun koma baya ne kurum suka cika abin da ya riga ya auku, ba su ƙara ko ƙwayar gero ba. Wane ɗalibin tauhidi ne zai ji wannan bai tuna da babin ƙaddara ba? Sa'an nan a littafi na biyar, na 2003, marubuciyar ta sa aka farfashe agogunan gaba ɗaya cikin wani faɗa, daga baya kuma ta rubuta da hannunta cewa da gangan ta yi, domin in ana iya komawa a gyara kowace ɓarna, to, babu sauran labarin da za ta ba da.

Na biyu shi ne mai koren hasken, kuma shi ne aka fi yi wa wa'azi. Yana cikin fim ɗin Doctor Strange na kamfanin Marvel na Amurka, wanda ya fito a 2016. Likita ne gwanin fiɗa, mai girman kai, ya yi haɗarin mota hannuwansa suka lalace, ya ƙarar da dukiyarsa wajen neman magani, har ya kai Katmandu ta ƙasar Nefal. A can ya sami wani abin wuya mai siffar ido, da wani koren dutse a cikinsa. In ya murza hannu sai idon ya buɗe, zobban haske su kewaye masa dantse. Da tuffa ya fara gwadawa: ya murza gaba ta cinye ta ruɓe, ya murza baya ta dawo ɗanya shar. Nan take abokansa suka yi masa ca, suka ce wasa da wannan abu ɓarna ce a kan tsarin halitta. To, ku duba abin da mai labarin ya yi da shi. Mutumin da ya bar garinsu don hannuwansa, ga dutsen mai da tuffa ɗanya a wuyansa, bai warkar da hannuwan da shi ba, haka fim ya ƙare suna rawa. Da ya gamu da babban maƙiyi wanda ya fi ƙarfinsa, abin da ya iya kawai shi ne ya ɗaure kansa da maƙiyin a cikin ɗan lokaci guda mai maimaituwa, ana kashe shi yana dawowa, ana kashe shi yana dawowa, har maƙiyin ya gaji ya nemi sulhu. Wannan ai haƙuri ne ya ci, dutse bai ci ba. Daga ƙarshe ya mai da abin wuyan inda ya ɗauko shi, ya ɗaura wani tsohon agogonsa fasasshe wanda ba ya tafiya. A fim na 2018 kuma, da yaƙi ya taso, ya leƙa gaba da dutsen ya ga hanyoyi 14,000,605 da al'amarin zai iya bi, a ɗaya tak ke nan suka yi nasara, ita ma sai da ya miƙa dutsen ga maƙiyi da hannunsa. Wanda ya karɓa, Thanos, ya jera shi da wasu duwatsu biyar a safar hannu ta ƙarfe, ya kaɗa yatsa ya hallaka rabin masu rai. Da aka dawo da su a fim na 2019, sai suka tarar shekara biyar ta wuce, ba a dawo musu da ita ba, wanda ya kawo ƙarshen yaƙin da safar kuma ransa ya biya.

Na uku na Indiya ne, fim ɗin Tamil mai suna 24, shi ma na 2016, wanda Suriya ya fito a matsayin mutum uku. Agogon hannu ne sosai, wani masani ya ƙera shi, yana tsai da lokaci, yana mai da shi baya, amma iyakarsa sa'a 24. Ɗan'uwan masanin, tagwayensa, ya kashe shi don agogon, ya faɗi ya yi suman shekara 26, ya farka tsoho gurgu a kan keke. Duk burinsa a buɗe iyakar agogon nan ya koma ƙuruciyarsa. Da ya samu ya koma, me ya fara nema? Kisan dai da ya yi da fari.

Ga shaidu uku, daga ƙasa uku, babu Musulmi a cikin waɗanda suka ƙaga su, amma duk bakinsu ya zo ɗaya. Sun ƙera abin da hannunsu a takarda, inda babu mai hana su, duk da haka sun kasa barinsa ya yi aiki. Wannan ta farfasa nata, wancan ya mayar, na ukun ya nuna mugu mugu ne ko an mai da shi shekara 26 baya. Allah Ya gafarta malam, wannan shi ne abin da ka ke cewa yana koya wa yara cewa mutum na iya mallakar zamani? Ai kishiyar haka ya ke koyarwa, in an sami mai nuna wa yaro. Malamin da ya san aikinsa zai ɗauki labarin mugun tagwayen nan ya kai ɗalibi Suratul An'ami, inda aka ba da labarin masu roƙon a mai da su duniya, aka ce ko an mai da su abin da aka hana su za su koma wa. Zai kai shi Suratul Muminuna, inda mai gargarar mutuwa ke roƙon a komar da shi ya gyara, aka ƙi. Ba a taɓa samun sauƙin shigar da waɗannan ayoyi kan yaro kamar sa'ad da ya zo da tambayar da kansa ba.

Kuma don Allah, me ke cikin tuffar Doctor Strange da zai girgiza yaron da ya ji tafsirin Baƙara? A can an ba mu labarin mutumin da ya wuce wata alƙarya rusasshiya, Allah Ya kashe shi shekara 100 sa'an nan Ya tashe shi, ya tarar abincinsa da abin shansa ba su sauya ba, jakinsa kuwa ya zama ƙasusuwa. Wuri ɗaya, zamani biyu. Ga samarin kogo da suka yi barcin shekara 309, suka tashi suna zaton yini ne ko sashensa, sai kuɗin azurfarsu ya tona su a kasuwa. Ga Annabi Yusha'u da aka tsai da rana dominsa. A duk waɗannan babu wanda ya murza wani abu, babu wanda ya rataya wani abu, yi musu aka yi. Ayar da ta gabaci ta mai jakin nan kuwa ita ce ta Annabi Ibrahimu da sarkin da ya ce shi ma yana rayawa yana kashewa, aka ce masa to, ya fito da rana daga yamma, ya yi tsuru-tsuru. Yaron da aka dasa wa wannan a zuciya, roba mai batir ba za ta tumɓuke shi ba. In kuwa ta tumɓuke, sai mu malamai mu binciki dashenmu.

Masu ilmin zamani ma ba su ba agogon nan goyon baya ba. Tun daga bayanin Einstein na 1905 da 1915 an san lokaci ba ya tafiya bai ɗaya ga kowa, gudu da nauyin duniya suna taɓa shi. A 1971 wasu masana biyu a Amurka suka ɗauki agogunan awo mafiya daidaito suka kewaya duniya da su a jirgin fasinja, suka dawo suka ga sun saɓa da na ƙasa da ɗan abin da ido ba ya gani. Taurarin ɗan'adam da ke nuna wa direba hanya a wayarsa, agogunansu na gaba da namu da kashi 38 cikin miliyan na sakan kowace rana, sai an yi lissafin wannan kafin su yi daidai. Iyakar abin ke nan, kuma duk gaba ne, babu wanda ya koma jiya. Abin da ɗan'adam ya iya tun fil azal shi ne wasa da ƙidaya. Larabawan Jahiliyya sun kan ɗage wata mai alfarma su kai shi gaba don su sami damar yaƙi, Suratut Tauba ta kira wannan ƙari a cikin kafirci. Ingila ta tsallake kwana 11 a 1752, mutane suka kwanta 2 ga Satumba suka tashi 14 ga wata, ba wanda ya ƙara furfura ko ɗaya. 'Yan'uwanmu da ke Landan har yanzu su kan mai da agogo baya da sa'a guda a ƙarshen Oktoba, rana kuwa ba ta taɓa bin su ba.

Yanzu sai wani ya ce, to, mun ji, amma ai ƙarya ce, kuma ƙarya haramun ce. Haba malam! Ƙarya ita ce ka faɗi abin da ba haka ba don a ɗauka haka ne. Wadda ta fito ta ce ni ƙarya ce tun daga bakin ƙofa, wa ta yaudara? Kakanninmu mata da suka yi mana gizo da ƙoƙi da dare, da ga ta nan ga ta nanku su ke buɗewa, su rufe da ƙurunƙus kan kusu, har su ce ba don gizo ba da sun yi ƙarya. Wa ya taɓa kafirta su? A zaurukanmu, ɗalibi ba ya cika malamin lugga sai ya sauke Maƙamatul Hariri, maƙama 50, dukansu labarin Abu Zaidis Saruji ne, mutumin da ba a taɓa haifa ba, mayaudari kuma, yau ya zama mai wa'azi gobe ya zama makaho. Hariri da kansa ya kare littafinsa a gabatarwa da cewa kamar labaran da a ke sa wa a bakin dabbobi ne. A nan ƙasar tamu, tun tana Gwalkwas, wani malami, Malam Shaihu, ya zauna ya rubuta tatsuniyoyin Hausa da ajami da alƙalaminsa, Baturen nan Rattray ya buga su a 1913. Ruwan Bagaja na Abubakar Imam da Ganɗoki na Bello Kagara, dukansu na 1934, cike su ke da aljannu, kuma 'ya'yan malamai ne suka rubuta su. Ƙa'idar da muka karanta ita ce mai ba da labarin kafirci ba ya zama kafiri da ba da labarin, balle mai saurare.

Malaman mazhabarmu ma ba su ji tsoron ƙaddara abin da bai auku ba. Sun yi mas'alar waliyyin da ya tashi sama daga gabas bayan zawali ya sauka yamma rana ba ta karkata ba, yaya sallarsa? Sun yi ta 'yan'uwa biyu da suka mutu daidai zawali, ɗaya a gabas ɗaya a yamma, suka ce na yamma ne ya gaji na gabas, don zawalin gabas ya riga. Imamul Ƙarafi, wanda ya rasu a Masar a 1285, yana cikin masu irin wannan bincike, shi ne kuma ya ba da labarin wata fitila da ya ƙera da hannunsa mai nuna sa'o'in dare, da siffar zaki a jikinta wanda idanunsa ke sauya launi. Da yana zangonmu yau, ina jin da an ƙone masa ita. Sahabbai kuwa da aka gaya musu Dujal zai zo da yini mai tsawon shekara, ba su toshe kunne ba, tambaya suka yi yadda za su yi salla a cikinsa. Ni a ajina na fi son yaron da zai tambaye ni ko Hermione, da Musulma ce, za ta sake azahar in ta juya agogo, a kan wanda ya yi shiru don tsoron bulala. Na farkon ya fara fiƙihu ke nan.

Akwai magana ɗaya mai nauyi a bakin masu hani, ba kuwa zan tsallake ta ba. Sun ce finafinan nan suna nuna masihirci a matsayin jarumi, alhali sihiri na cikin manyan zunubai bakwai masu hallakarwa, yaro kuma icce ne ɗanye, yadda aka tanƙwara shi haka zai bushe. Wannan gaskiya ne, shi ya sa ban ce a sakar wa yaro waya ya kwana da ita ba, ban kuma ce fim ya hana shi salla ko hadda a yi shiru ba. Uba ya zauna da ɗansa, ya tambaye shi abin da ya gani, ya ce masa wannan aikin kwamfuta ne da fenti, mutumin nan ɗan wasa ne, in an tashi aiki gida ya ke komawa ya ci tuwonsu. Yaro ɗan shekara bakwai ya san haka. Ku tsai da kowane yaro a Nima ko Aboabo ku tambaye shi ko agogonsa na roba zai mai da shi jiya, dariya zai yi muku. Amma ku tsai da babban mutum mai gemu ku tambaye shi ko zoben da ke yatsansa na jawo kuɗi, sai ku ga ya sunkuyar da kai. To, a cikin biyun nan wa ke cikin haɗari?

Nan ne jakin ya ke. Abin ɗaurawa a jiki wanda a ke taɓawa ya yi aiki, ba Amurka ta kawo mana shi ba, mun riga su. Muna da sagau, wai in maƙiyi ya ɗaga hannu sai ya sandare, kamar dai yadda agogon fim ke sandarar da mutane. Muna da baduhu da layar zana, muna da ƙau-da-bara, da guru, da kambu, da zoben da a ke murzawa a kira rauhani. Bambancin kawai shi ne na fim an rubuta a jikinsa wasa ne, namu kuwa da rantsuwa a ke sayar da shi, da kuɗi masu ciwo, wani lokaci da ɗan akuya baƙi da ƙyalle ja. Kada a juya mini magana, ban taɓa ayar Allah ba. Mai Risala ya yi rangwame a kan addu'ar tsari da layar da ke ɗauke da Alƙur'ani, a kan haka muka tashi. Ina magana ne a kan mai hatimin da shi kansa bai san ma'anar sunayen da ke ciki ba, mai cewa ɗaura wannan ƙarfe ba zai kama ka ba, murza wannan Bature zai aiko maka da dala, shafa wannan alƙali zai manta da shari'arka. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya yi magana a kan masu duba da masu da'awar sanin gaibu a cikin Nurul Albabi, bai kuwa sassauta musu ba. Yau suna da allunan talla a bakin titi, suna da lambar waya, suna da fili a talabijin, wasunsu da rawani da carbi. Kalmar sakawa da duk ƙasar nan ke kiran damfarar intanet mai haɗe da tsafi da ita, daga harshenmu aka ɗauke ta. Wannan bai isa abin kunya ba?

Wanda ya ce ina zuzutawa, ya tuna da Kasoa, garin da sunansa ma kasuwarmu ce. A watan Afrilu na 2021 samari biyu, babu wanda ya kai shekara 20 a cikinsu, suka yaudari wani yaro ɗan kimanin shekara 10 zuwa wani kango suka kashe shi don neman kuɗin tsafi. Bayanin da aka gabatar shi ne a talabijin aka ga mai tallan yin kuɗi nan take, aka nemi lambarta. A 2024 kotu ta same su da laifi. Waɗannan yara ba Doctor Strange ne ya aike su ba. Wanda ya aike su bai ce musu wasa ya ke yi ba, ce musu ya yi gaskiya ne, yana aiki, ga shaidu. Bayan abin ya auku hukuma ta kai samame wasu gidajen talabijin, alhali dokar laifuffuka ta ƙasar nan tun ta 1960 ta hana tallan bokanci. Mu fa? Wa'azi nawa muka ji a zango a kan masu zobe, in an gwada da wanda muka ji a kan roba? Na san dalili, kowa ma ya sani. Roba ba ta da dangi a unguwa, ba ta ba da sadaka ranar Mauludi, ba ta zama sahun gaba. Mai zobe kuwa ɗan wane ne, surukin wane ne, wataƙila ma shi ya sayi lasifikar da a ke wa'azin da ita. Mai kaza a aljihu ba ya jimirin as.

Ku kuma ƙannena samari, kada ku ɗauka na zo in ba ku lasisi ne. Na lura da abin da ke jan ku ga agogon nan, ba koren hasken ba ne, da na sani ce. Wanda ya faɗi jarrabawa, wanda ya ƙona kuɗin jari a cacar ƙwallo, wanda ya gaya wa mahaifiyarsa baƙar magana ta rasu bai nemi gafara ba, kowannensu na son abin murzawa. Wannan ƙishirwa ce mai zobe ke sayar muku da ruwan gishiri a kanta. Shi ya san ba ya iya mai da jiya, sai ya ce zai gajarta muku gobe, arzikin shekara 20 a kwana bakwai. Duk abu ɗaya ne, tsallake lokaci da taɓa wani abu a jiki. Wanda ya yi wa agogon roba dariya sa'an nan ya je ya sayi zobe, ƙanensa mai robar ya fi shi hankali nesa ba kusa ba.

Don haka ina kawo shawara gaban ƙungiya, a sa ta cikin abin da za a tattauna a taro mai zuwa. A daina ƙona wa yara kayan wasa, wanda ya zo da shi aji a ajiye masa har a tashi, kamar yadda a ke yi da ƙwallo. Ƙarfin da a ke ɓatawa a nan a tattara shi, dattawa su je wa sarkin zango da limamai, a roƙi masu gidaje kada su ba mai tallan zobe da ninka kuɗi hayar ɗaki, kada a karɓi tallansa a taron suna ko na aure, kada mai shela ya ambaci sunansa a lasifikar masallaci. Wanda kuma ya ce nasa na gaskiya ne, ba mu hana shi kare kansa ba. Ya zo filin masallacin Juma'a bayan la'asar, gaban jama'a, da zobensa da gurunsa da duk abin da ya ke taƙama da shi. Ba mu ce ya fito da rana daga yamma ba, wannan ya yi masa yawa. Za mu kafa sanda a ƙasa mu shata inda inuwarta ta kai, shi kuma ya murza ya mai da ita baya taki ɗaya. Ni zan kawo sandar.